Yadda ake bin kadin aikin gwamnati a mazaɓa

A wani zama da aka yi a Katsina, shawara ta tsaya kan cewa koken baka ba ya barin shaida. A rubuta takarda kwafi biyu, da sunan unguwa da ranar da aikin, misali rijiyar burtsatse, ya lalace, a kai sakatariyar ƙaramar hukuma, a tabbata an buga hatimi da kwanan wata a kwafin da za a riƙe. Nan ake yawan sakaci, takarda ta ɓace babu hujja.

Dokar 'yancin samun bayanai ta 2011 ta ba hukuma kwana 7 ta amsa wa wanda ya nemi bayani daga gare ta. Kiranyen ɗan majalisar jiha kuwa sai da sa hannun fiye da rabin masu rajista a mazaɓar, sannan INEC ta shirya ƙuri'ar raba gardama cikin kwana 90.