"Kowa ya ƙona rumbunsa ya san inda toka ke kuɗi": yabo ne ko gatse?

Mai Alƙalami:
Salamu alaikum. Ina rubuta wani ƙagaggen labari ne na wata duniya da babu ita. A ciki akwai wasu masu zurfin tunani da na raɗa wa suna Masu Toka. Aƙidarsu ita ce duk abin da ya daɗe daga ciki yake ruɓewa, don haka duk shekara 40 sai su fice bayan gari, su cinna wa gidajensu da rumbunansu wuta, har da littattafan malamansu, sannan su dawo su yi sabon gini bisa tokar. Wai gari ba ya haihuwa sai ya mutu. Na so wannan karin maganar ta zama takensu, sai yayata ta ce na kifar da ita. Me kuka gani?

Bagobiri:
Yayarka ta hi ka gaskiya. Wagga magana gatse ce. Mutum ya saida gonar gado ya sai babur, anka yi anka yi ya ƙi ji, sai dattijo ya kaɗa kai ya hwaɗe ta. Nufinsa ku ƙyale shi, shi ya sani. Ban taɓa jin wanda ya yi wa kansa kirari da ita ba.

Jikan Marina:
Kawu Bagobiri, ban yarda duka gatse ba ce. Toka fa tana da kasuwa. Ni a gidan rini na tashi nan Sakkwato. Ba a haɗa karofi sai da toka, da ita ake tada baba. In karofi ya mutu ya daina kama zane, sai a kwashe laka da ta kwanta a ƙasa, a cuccura, a shanya, a ƙona. Shi ne katsi. Wani ya koma cikin sabon haɗi, wani a kwaɓa laso da shi a shafe rami ko soro don kada ruwa ya ci. Na sha tsayawa ina kallon kakana yana tara curin nan yana sa musu wuta, hannunsa shuɗi har gwiwa. Haka majema, da ruwan toka suke jiƙa fatar jar akuya gashi ya saki kafin a kai ga bagaruwa. To wanda ya ƙagi maganar ya san toka ba shara ba ce. Ni ina jin ta da ma'anar kada ka yi saurin kiran mutum wawa, wataƙila akwai lissafin da ba ka gani ba. Wasu ma "tsada" suke cewa maimakon "kuɗi".

Gwaggon Yara:
Ɗana, ka faɗi gaskiya amma ka tsallake wuri guda. Wace toka? Ni ma ina yin ta miya. Karan gero nake ƙonawa bayan an yi girbi, in zuba a tsohuwar ƙwarya mai huji, in tsiyaye ruwan, shi ke maye mini kanwa a miyar kuka. Kara fa na ce. Hatsin yana rumbu. Katsin kakanka ma sai da karofi ya gama aikinsa aka ƙona shi. Duk mai sana'ar toka abin da ya riga ya ƙare yake sa wa wuta. Mai rumbu kuwa cimar shekara ya ƙona, dami ɗari ya koma abin da bai cika masaki biyu ba. Ko a ina toka ke kuɗi, ba ta kai gero ba. Nan dariyar maganar take.

Jikan Marina:
Gwaggo kin kama ni. Amma dai ban janye duka ba, don na ji an faɗe ta ga ɗan kasuwar da ya karyar da kaya da gangan, daga baya aka gane dabararsa.

Malam na Ƙofar Rini:
Tana ɗaukar fuska biyun, sai dai ta gatse ta fi yawa a bakin mutane. Mai Alƙalami, tunda ƙage ne ba laifi, amma ka bambance wa mai karatu. Misalin da Alƙur'ani ya maimaita na tashin matattu shi ne ƙasa da ta bushe ruwan sama ya rayar da ita, kuma Mai rayarwa daban ne. Mutanenka su ke kashewa su ke rayarwa. In kana son misali na kusa, Alƙalawa, babban birnin Gobir, ta faɗi a 1808, a 1809 Muhammadu Bello ya kafa Sakkwato. Sai dai wannan "faɗuwar wani tashin wani" ce, wata magana ce dabam.

Bagobiri:
Allah shi gafarta Malam, sai da ka taɓo mu! To ai mu ba mu munka ƙona namu ba. Kuma ba bisa kufan anka sake gini ba, kakanninmu gaba sunka yi, wasu Tsibiri, wasu Sabon Birni. Surame ta Kanta, Sarkin Kabi, ma ga ganuwarta ta dutse nan cikin daji, ba wanda ya koma. Bahaushe in gari ya mutu ƙaura yake.

Mai Alƙalami:
Na gode ƙwarai. Na cire ta daga bakin Masu Toka. Zan ba wata tsohuwa mai saida ƙuli daga garin maƙwabta, ta faɗe ta tana kallon hayaƙinsu daga nesa, gobe kuma ta zo da jaki ta kwashi tokar.

Gwaggon Yara:
Ka dai faɗa mana abin da yaransu za su ci kafin kaka.

Bagobiri:
Kuma ka tabbata rumbun kara ka ba su. In ruhewa ta laka ce irin tamu, sai sun buɗe ta sun zuba wutar ciki da hannunsu.