Vortex ya cinye min faifan C, na kai mods ɗina faifan waje ya ƙi karɓa, don Allah a taimaka

Ɗan Agege:
Assalamu alaikum 'yan'uwa. Kaina ya ɗaure, shi ya sa na kawo maganar nan. Laftof ɗin da nake amfani da ita ta Yayana ce, shi ya bar min ita da zai koma Kano, kuma cewa ya yi in riƙe amana, ba kyauta ya ba ni ba. Faifan ajiyarta, SSD, 256GB ne kacal. Da rana da ita nake yi wa Oga lissafi a Mile 12, buhun albasa nawa ya sauka daga mota, wa ya ɗauka bashi, wa ya biya. Da daddare in an kawo wuta sai in ɗan buga wasan Skyrim Special Edition, shi ne kaɗai hutuna. Mods ɗin (ƙarin fayilolin da ke gyara wasan) da na sa da Vortex, manhajar da ke girka su, sun kai 40GB, yawanci na gyaran hoto ne, kuma duk da datar dare na sauke su, in hana idona barci ina gadin waya kada sabis ya yanke. Yanzu C, faifan cikin laftof ɗin, ya yi ja, saura 3GB, ko takardar lissafi na buɗe sai ta yi ta juyi, har Oga ya fara tambaya ko na lalata kwamfutar ne.

Na sayi faifan waje mai 1TB a Ikeja, ya fito da harafin E. Na yanko foldar mods daga foldar AppData da ke C na liƙa a can. Da na buɗe Vortex sai ya ce bai ga foldarsa ba, da na nuna masa sabon wurin kuma ya ce ba zai iya ɗora mods a kan wasan ba. Abin da ya fi ɗaga min hankali, C ɗin ko motsi bai yi ba, yana nan a cike. Ba ni da kuɗin sake sauke 40GB. Me zan yi?

Na Idi-Araba:
Wa alaikumus salam. Shi wasan kansa yana ina, C ko E? Ba ka faɗa ba. Sannan ka gwada faifan nan da kyau kafin ka yarda da shi. Ni bara wani mai shago ya sayar min da wanda aka rubuta wa 2TB, ina zuba kaya suna shiga, ashe rabinsu ba sa buɗewa. Na koma da rasit a hannu, ya rantse ba a wurinsa na saya ba. Hotunan sunan ɗana duk sun tafi a haka.

Injiniya:
Ƙanena, tsaya ka ji, kada ka sake taɓa komai. Vortex ba kwafin mods yake yi zuwa cikin wasa ba. Yana ajiye su a foldar da yake kira Mod Staging Folder, sannan ya ƙulla kowane fayil da foldar Data ta wasan ta hanyar hardlink. Wato fayil ɗaya ne a kan faifai, amma sunansa yana wuri biyu, kamar ɗaki ɗaya mai ƙofa biyu. Ka toshe ƙofa guda, ɗakin yana nan da kayansa. Shi ya sa C bai ragu ba: ka ɗauke suna ɗaya, ɗayan yana cikin Data yana riƙe da wurin. Yanzu kwafi biyu gare ka, ɗaya a C ɗaya a E.

Irin wannan ƙullin kuma ba ya tsallaka faifai. Dole foldar mods da wasan su zauna a faifai ɗaya, kuma tsarin faifan ya zama NTFS. Faifan waje da yawa da tsarin exFAT suke zuwa, shi kuwa bai san hardlink ba sam. Danna dama a kan E, shiga Properties, ka faɗa min abin da aka rubuta a File system.

Amma gaskiyar magana, ka bar Vortex ka koma wata manhajar mods ɗin, Mod Organizer 2. Shi ba ya zuba komai a foldar wasa, lokacin da ka kunna wasan ne yake nuna masa mods ɗin kamar suna ciki. Wasa a C, mods a E, babu ruwansa. Ni tun kafin a fitar da Special Edition a 2016 nake wannan harka, na san abin da nake faɗa.

Ɗan Agege:
Wasan yana C. Na duba, exFAT ne. Amma Injiniya ni ban ga laifin yanke foldar ba, haka nake yi wa kowane fayil kuma ban taɓa samun matsala ba. Da ba a so a taɓa ta ai da an kulle ta. Mod Organizer kuma na taɓa ganinsa a wurin wani abokina, wallahi ko ina zan danna ban gane ba. Tsarin jerin mods ɗina na sha wahala kafin ya daidaita, ba zan rushe shi ba.

Baban Amira:
Ba sai ya canza manhaja ba, Malam Injiniya, kada a ƙara wa yaro nauyi. Ɗan'uwa, akwai folda ta biyu da ba wanda ya ambata, ta downloads, inda Vortex ke tara ainihin fayilolin da ka sauke a dunƙule. Ita ma tana cikin AppData a C, kuma ita babu sharaɗin faifai ɗaya a kanta, exFAT ma ya ishe ta. Ka buɗe sabuwar folda wadda babu komai a ciki a E, ka shiga Settings, sashen Download, ka nuna masa ita. Shi da kansa zai kwashe, kada ka sa hannu. Nan take za ka ga C ya numfasa. Kuma muddin waɗannan fayilolin suna nan, ko komai ya rushe za ka sake girka mods ɗinka ba tare da ka ƙona data ko 1MB ba. Wannan ka fara yi yau.

Injiniya:
Wannan maganin ciwon kai ne, ba na zazzaɓi ba. Nan da wata biyu C zai sake cika. In dai ya dage sai Vortex, hanya ɗaya ce: ya mayar da foldar mods inda ya ɗauko ta, ya danna Purge Mods don a kwance ƙullin daga wasan, ya yi wa E fomat zuwa NTFS (wannan zai goge duk abin da ke cikinsa), ya shiga Settings na Steam, manhajar da wasan ke ciki, sashen Storage, ya ƙara E ya tura wasan can. Bayan nan ya nuna wa Vortex sabon wurin wasan, ya canza Mod Staging Folder daga cikin Settings zuwa folda wofi a E, ba da hannu ba, sannan Deploy Mods don a sake ƙulla su. Ko tsalle ɗaya aka yi a jerin nan, an koma gidan jiya.

Ɗan Agege:
Fomat kuma? Ba zai yiwu ba. Bidiyon bikin ƙanwata yana ciki, da na walimar saukar ƙanena, mai ɗaukar hoton ya ce ya riga ya goge nasa. Sannan ta yaya zan mayar da 40GB inda 3GB ya rage?

Injiniya:
To ka gani. Da ka faɗi wannan tun farko. Umarnin convert na Windows yana juya FAT32 zuwa NTFS ba tare da goge kaya ba, amma ba ya aiki a kan exFAT. Sai ka ari faifan wani ka juye bidiyon tukuna. Ko ka ji maganata ta farko ka huta.

Mai Shayin Alaba Rago:
Ni abin da yake ba ni tsoro wasa a kan faifan waje ne. Batirin laftof ɗina ya mutu, ana ɗauke wuta take mutuwa. Ranar nan ina tsakiyar kwashe kaya aka ɗauke, faifan bai sake buɗewa ba sai da na biya kuɗin gyara. Unguwarmu yanzu sati guda ke nan taransifoma ta lalace, an karɓi kuɗi gida-gida, har yau shiru. Man janareta kuwa kowa ya san yadda yake. Kai dai ka tabbata batirinka yana riƙe caji kafin ka fara.

'Yar Obalende:
Akwai kuma maganar harafi. Yau faifan E ne, gobe in ka riga soka filasha sai ita ta karɓi E shi ya koma F, daga Steam har Vortex su ɓata hanya. Ka shiga Disk Management ka ba shi harafi na can ƙasa, kamar M, ya zama nasa na dindindin. Kuma kafin komai ka kwafi foldar Saves da ke Documents, cikin My Games, ka ajiye a gefe. Ita ba a sauke ta daga ko'ina. Sannan in faifan nan mai juyawa ne ba SSD ba, ka shirya wa jira duk lokacin da za ka shiga gari ko kogo, balle da manyan mods na hoto.

Baban Amira:
Ita ma ta yi gaskiya. Ni da zan ba ka shawara ta tsakani da Allah, ka kai laftof ɗin a duba ko tana da gurbin faifai na biyu a ciki. Da yawa suna da shi. A sa maka SSD, faifan wajen ya zama na bidiyo da downloads kawai.

Ɗan Agege:
Baba na gode, amma ba zan bari a kwance kwamfutar Yaya ba da izininsa ba, kuma in na tambaye shi zai ce me ya cika ta. Kuɗin ma na riga na kashe a wannan faifan. Mai shagon ya tabbatar min ana buga wasa a kansa. Ni dai so nake mods su zauna a E, wasan ya zauna a C yadda yake, ban taɓa Steam ba, ban yi fomat ba. Babu wani saiti da zan danna kawai?

Injiniya:
Akwai. Sunansa Mod Organizer 2. A Vortex da Skyrim abin da kake nema ba ya yiwuwa, ko sau nawa ka tambaya.

Na Idi-Araba:
Har yanzu ba ka ce ka gwada faifan ba. Wane shago ne ma? Turo min ta akwati in ji ko mutumina ne.

Baban Amira:
Ka matsar da downloads ɗin kuwa? Nawa C ya nuna yanzu?

Ɗan Agege:
Ban yi ba tukuna, ina tsoron kada shi ma ya ɓace kamar na farko. Wani a wurin aiki ya ce in goge foldar Data gaba ɗaya in sa Steam ya gyara fayilolin da kansa. Wannan zai ci data sosai? Gobe da asuba motar albasa za ta sauka kuma dole in buɗe lissafi, akwai wanda ya taɓa gwada hakan?