"Faɗuwa ta zo daidai da zama": ta dace da Bature mai jar dara?

Bakatsine: Jama'a, sallama. Musu ne ya haɗa ni da abokina a kan Tommy Cooper, ɗan dabon nan mai jar dara da ya fara fitowa a talabijin ɗin BBC a ƙarshen shekarun 1940. Ga wanda bai san shi ba, ƙato ne zanƙalele, haifaffen garin Caerphilly na yankin Wales a Birtaniya a 1921. Wasansa shi ne ya fito zai yi rufa-ido, abin ya kwaɓe masa a bainar jama'a, a yi ta dariya. Ana ba da labarin cewa yana saurayi, yana koyon ƙera jirgin ruwa a garin Hythe da ke kudancin Ingila, ya yi wa abokan aikinsa wasa komai ya watse, suka yi ta ƙyaƙyatawa, daga nan ya gane inda abincinsa yake. Abokina ya ce faɗuwa ce ta zo daidai da zama. Ni dai ban gamsu ba. Ku raba mu.

Malam Na-Zazzau: Wa alaikumus salam. Kana da gaskiya. Sharaɗin karin maganar shi ne da ma mutum yana son zaman. Misali an gayyace ka biki, ba ka son zuwa, ka rasa uzuri, sai ruwa ya tsuge. To shi yaron nan gwaninta ya je nunawa, bai je neman a yi masa dariya ba. Wadda ta fi kama shi ita ce tabarmar kunya da hauka ake naɗe ta.

Iyan Yara: Malam, a gafarce ni, amma tabarmar kunya ai sau ɗaya ake naɗe ta a bar wurin. Wa ya taɓa shekara talatin da ɗoriya yana naɗe tabarma ɗaya? Mutumin nan ya iya dabo na gaske, har yana cikin ƙungiyar 'yan dabo ta Magic Circle. Ku nemi wasansa na kwalba da kofi. Zai kifa bututu ɗaya kan kwalba, ɗaya kan kofi, wai za su yi musayar wuri. Can sai ya ɗaga bututun biyu lokaci guda, ga kwalba nan ga kwalba can, asiri ya tonu, ya zare ido yana wata dariyar tsoro. Kafin ka gama tausaya masa sai kwalabe su yi ta fitowa har tebur ya cika. Wannan ba hannun ɗan koyo ba ne. Zama ne ya yi shigar faɗuwa.

Malam Na-Zazzau: Hajiya, na karɓi gyara a kan shekarun da suka biyo baya. A kan ranar farko kuwa ina nan kan bakana.

Ɗan Damagaram: Ni a wajen hular nake ganin ta. Lokacin Yaƙin Duniya na Biyu yana soja a Masar, yana yi wa sojoji wasa a Alƙahira. Aka ce ya manta hular da ya saba sawa, sai ya miƙa hannu ya cire darar wani sabis da ke wucewa ya ɗora a kansa. Wuri ya kaure da dariya, shi ke nan ta zama tambarinsa. Mantuwa ce faɗuwar, zaman kuma da ma yana neman abin da za a riƙa gane shi da shi.

Malam Na-Zazzau: Wannan ta fi kusa, ko da yake wasu za su ce gamo da katar ne kawai.

Autan Gida: Yayyena, to mutuwarsa fa? Ranar 15 ga Afrilu 1984 yana tsaka da wasa a zauren Her Majesty's da ke Landan, ana haskawa kai tsaye a tashar talabijin ta ITV. Wata mai taimaka masa ta sa masa alkyabba, sai ya sulale ya zauna a gaban labule, can ya faɗi ta baya. Mutane suka yi ta dariya, sun ɗauka cikin wasan ne, ashe zuciya ce ta buga. Ga faɗuwa, ga zama.

Iyan Yara: Kai Auta, kul. Ba a kai wannan maganar wurin rasuwa. Akwai jin daɗi a cikinta, mai faɗinta murmushi yake yi. Shekararsa 63, ya bar mata da 'ya'ya, wa abin ya yi wa daidai? Ni abin da ke tsaya mini a rai shi ne masu dariyar nan, da yadda suka ji da labari ya iske su.

Autan Gida: Tuba nake, Iya. Siffar abin na duba, ban duba ma'ana ba.

Bakatsine: Na karanta wa abokin nawa duka. Ya sakar mini ta Hythe, ya riƙe ta Alƙahira, wai kunnen doki muka yi. Malam Na-Zazzau, tunda ka ambaci gamo da katar, ina bambancinta da wannan?