Kantunan Turawa a ƙasar Navajo: taimako suka yi ko ci da gumi?

Ummu_Hanan:

Assalamu alaikum jama'a. Kwanan nan ina karance-karance a kan 'yan asalin Amurka, har na iso kan ƙabilar Navajo, waɗanda ke kiran kansu Diné. Wani abu ya ɗaure mini kai. A wani gari mai suna Ganado a jihar Arizona akwai kantin da gwamnatin Amurka ta mayar wurin tarihi na ƙasa. Kanti fa, inda ake sayar da fulawa da sukari da kananzir. Me ya kai shi wannan matsayi? Sannan na ga wasu na yabon Turawan da suka buɗe irin waɗannan kantuna, wasu kuwa na cewa sun tatse mutane ne kawai. Don Allah wanda ya san zancen ya warware mini.

BabanSadik:

Wa alaikumussalam Malama. A Albuquerque ta jihar New Mexico nake zaune, aiki kan kai ni Gallup, wani gari a bakin ƙasar Navajo, kuma kantin da kike faɗa na shiga shi da ƙafata. Na Hubbell ne. Sai dai ba za ki gane matsayinsa ba sai mun koma baya kaɗan.

A 1863 sojojin Amurka ƙarƙashin Kit Carson suka bi Navajo da ƙone gonaki da karkashe dabbobi, har yunwa ta sa suka miƙa wuya. A 1864 aka kora su da ƙafa, tafiyar fiye da mil 300, zuwa Bosque Redondo a gabashin New Mexico. Mutum sama da 8,000 aka tsare a can. Ruwan wurin bai shawuwa da daɗi, shuka ba ta yi, mutane da yawa suka mutu. Sai a 1868 aka sa hannu kan yarjejeniya, Janar Sherman a ɓangaren gwamnati, Barboncito na magana da yawun Navajo, aka bar su suka koma wani yanki na ƙasarsu.

Sun dawo ba su da komai. A shekarun tsarewar nan kuma cikinsu ya saba da abincin rabon soja: fulawa, kofi, sukari. Gwamnati ta raba musu tumaki a Fort Defiance, garke ya sake haɓaka, ulu ya yi yawa. Ga mutane da ulu a hannu ba mai saye, ga buƙatar kayan da ba sa iya yi da kansu, gari mafi kusa kuma tafiyar kwanaki ce a kan doki. Gurbin da masu kantuna suka shiga ke nan. John Lorenzo Hubbell ya sayi na Ganado a 1878. Thomas Keam, haifaffen Ingila, ya kafa nasa a kwazazzabon da har yau ake kira da sunansa. Da layin dogo ya iso Gallup a 1881 sai harkar ta buɗe, domin yanzu ana iya kwasar ulu a kai gabas, a shigo da kaya da sauƙi. A lokacin da abin ke tashe kantunan sun haura 100.

Idan kika shiga na Hubbell, ginin dutse ne gajere, daɓen katako yana ƙara ƙarƙashin ƙafa. Tsakiyar ɗakin fili ne da murhun ƙarfe, kanta ta kewaye shi, doguwa mai faɗi, yadda hannun mai saye ba zai kai ga kaya ba. Bayan kantar kaya ne jere har rufi, gwangwanayen tumatir da 'ya'yan itace, yadudduka, karan-miskin da matan Navajo ke ɗinka riga da shi, barguna. Linzami da fitilu da bokitai na rataye a sama. A wannan fili na tsakiya mutane ke zama. Wanda ya yi yini guda a hanya ba ya shigowa ya ce a auna masa ya juya. Zai gaisa, ya ji ɗumi, ya ji labarin wanda ya haihu da wanda ya rasu da inda aka yi ruwa, sai can ya fara ciniki, shi ma ɗaya bayan ɗaya: ya nuna abu, ya biya, ya karɓi canji, ya ƙirga, sannan ya nuna na gaba. Kantuna da yawa suna da hogan, wato ɗakin gargajiyar Navajo, a gefe don baƙon da dare ya yi masa.

Kuma aikin mai kanti ya wuce awo. Shi ne tafinta tsakaninsu da jami'an gwamnati, shi ke rubuta wasiƙa ya karanta amsa, shi ke kai mara lafiya asibiti. A al'adar Navajo ana matuƙar gudun taɓa gawa, saboda haka sau da yawa mai kanti ake kira ya binne mamaci. Iyalin Hubbell sun riƙe wurin har 1967 da suka sayar wa hukumar kula da gandayen ƙasa, kuma har gobe ana ciniki a ciki.

Lauyan_Gobe:

Baba, Allah ya ƙara sani, amma da izininka hoton nan ya yi kyau da yawa. Duk abin da ka lissafa gaskiya ne, sai dai a duba ta ɗaya gefen. Mutumin da shi ne mai sayen ulunki, shi ne mai sayar miki da abinci, shi ne mai ba ki bashi, shi ke riƙe da littafin bashin, littafin kuma da Turancin da ba ki karantawa aka rubuta shi. Wa zai ƙalubalance shi? Kanti na gaba yana da nisan mil da yawa, ba mota.

Wasu kantunan ko kuɗi ba sa bayarwa. Sukan buga 'yan kwabbai na gwangwani masu sunan kantin, su biya mutum da su, kuma ba inda za su karɓu sai wurin wanda ya buga. Da aka fara biyan kuɗin tallafi da fansho, gidan waya a cikin kantin yake. Caki ya zo, mai kanti ne ya fara ganinsa, ya ajiye shi a kan kanta ya ce tsohuwa ta dangwala, ya cire bashi, ragowar kuma ya ce ta ɗauki kaya.

Ba ƙage ba ne. A 1972 hukumar kula da cinikayya ta tarayyar Amurka, FTC, ta zauna a ƙasar Navajo ta saurari koke-koke, lauyoyin wata ƙungiya mai suna DNA masu kare talakawan yankin suka taimaka wajen gabatar da shaidu. Rahoton ya fito a 1973, ya yi maganar tsadar kaya, da riƙe wa mutane caki, da wasa da kayan jingina. Doka kuwa tun farko tana nan: sai da lasisin hukumar kula da 'yan asalin Amurka ake buɗe kanti, a ajiye lamunin dala 10,000. Sa ido ne babu.

Ummu_Hanan:

Na gode muku duka. Baba, wannan jinginar da ya ambata fa? Me ake jinginarwa, tunda ka ce sun dawo ba su da komai?

BabanSadik:

Ɗana lauya bai faɗi ƙarya ba, kuma ban ce su waliyyai ba ne. Jinginar nan ita ce zuciyar maganar, Malama, bari in tsaya a kanta.

Makiyayin Navajo sau biyu yake ganin abin hannu a shekara: lokacin askin tumaki wajen watan Mayu, da lokacin sayar da 'yan raguna wajen Oktoba. In an yi sa'a itatuwan pinyon sun yi 'ya'ya, a tsinto a sayar. Tsakanin waɗannan lokuta ciki ba ya jira. Sai mai kanti ya buɗe wa gida shafi, su ci bashi wata shida, ulu ya zo a biya. Shi ma da bashi ya ɗauko kayan daga 'yan sari na Gallup irin su C. N. Cotton. Idan farashin ulu ya faɗi a gabas, ko sanyi ya kashe garke, kowa a sarƙar sai ya ji a jikinsa, kuma masu kantuna da yawa sun karye ta haka.

Abin jingina kuwa azurfa ce. Navajo sun koyi ƙirarta daga maƙeran Mexico, ana ambaton Atsidi Sani a matsayin na farkonsu. Dukiyar gida sai ta koma awarwaro, da ɗamara mai faya-fayan azurfa, da sarƙoƙi masu shuɗin dutsen turkwas. Ba banki, kuma hogan ba wurin ajiya ba ne ga wanda ke bin tumaki. Sai mace ta kai sarƙarta kanti, a rataya mata takarda da sunanta, ta karɓi fulawa da kofi. Wasu ma don tsaro kawai suke kaiwa, su karɓi abu kaɗan. Akwai masu kantin da idan bikin gargajiya ya taso sukan ba mai kaya aron kayanta ta yi ado ta dawo da su. Akwai masu riƙe sarƙa shekaru bayan wa'adi ya wuce, don sun san ta kakar wance ce.

Akwai kuma waɗanda wa'adi na cika suke cire takardar su sayar wa ɗan yawon buɗe ido da ninkin abin da suka bayar. Tsarin ɗaya ne, dokar ɗaya ce. Abin da ya fi damuna ke nan a tarihin: ko sarƙar kakarki za ta dawo hannunki, ya rataya ne a kan halin mutum guda, ke kuma ba ki da wani wurin zuwa. Wanda ya dace da mutumin kirki, jikokinsa na yabon kantin har yau. Wanda bai dace ba, jikokinsa ne suka tsaya gaban FTC.

Hajiya_Mai_Zare:

Ku maza kun yi ta maganar ulu da bashi, kun manta da masu saƙa. Ni sana'ata zare ce, ta nan na san Navajo.

Asali barguna suke saƙawa na yafawa. Da bargunan masana'anta irin na Pendleton suka cika kantuna, saƙar hannu ta rasa kasuwa a gida. Wasu masu kanti suka riƙa sayenta a kan sikeli kamar hatsi. To wa za ta ɓata wata uku a kan aikin da nauyinsa kawai za a duba? Saƙa ta lalace, har ana barin datti a jikin ulu don ya yi nauyi.

A nan dole a yaba wa wasu. Hubbell ya ƙi karɓar aikin banza, ya rataye ƙananan zane-zanen tsofaffin barguna a bango don masaƙa su duba, ya fi son ja mai duhu da baƙi da fari da toka, wanda ya zama tambarin Ganado. J. B. Moore, mai kantin Crystal, ya buga kundin talla a 1903 da 1911 yana aika wa masu saye ta gidan waya, ya shigo da fasalin dardumomin Gabas ta Tsakiya masu iyaka a gefe. Bargon yafawa ya koma shimfiɗar daɓen Bature. A Two Grey Hills aka tsaya kan launin ulu na asali, fari da ruwan ƙasa da baƙi, zare siriri kamar me. A Wide Ruins, Sallie da Bill Lippincott suka ƙarfafa rini da itatuwa daga ƙarshen shekarun 1930.

Amma ku lura, duk sunayen nan na kantuna ne da masu su. Matar da ta yi kiwon tunkiyar, ta aske, ta wanke, ta kaɗa, ta rina, ta zauna gaban masaƙa watanni, yawanci ba a rubuta sunanta ba, kuma sau da yawa da kayan kanti aka biya ta. Wannan yana ci mini rai. Shi ya sa nake jin daɗin gwanjon Crownpoint da aka fara a shekarun 1960, inda masaƙa ke kawo aikinsu da kansu, mai saye ya taya a gabansu.

Ummu_Hanan:

Hajiya, wallahi ban taɓa kawo wannan a raina ba. To Baba, rahoton FTC ɗin nan ne ya kashe kantunan?

BabanSadik:

Ya taimaka, amma ya tarar da su sun riga sun raunana. A shekarun 1930, zamanin da John Collier ke shugabantar hukumar kula da 'yan asalin Amurka, gwamnati ta tilasta rage dabbobi da hujjar cewa kiwo na cinye ƙasa. An karkashe tumaki da awaki masu ɗimbin yawa, kuma tsofaffi ba su yafe ba har yau. Tunda kanti a kan ulu ya tsayu, ƙafarsa ɗaya ta tafi. Yaƙin duniya na biyu ya fitar da dubban Navajo zuwa soja da masana'antu, suka dawo sun san albashi, sun ga farashin wasu wurare. Daga nan aka shimfiɗa kwalta, a-kori-kura ta maye gurbin keken doki, tafiyar kwana biyu zuwa Gallup ko Farmington ko Flagstaff ta koma ta 'yan sa'o'i. Bayan rahoton aka tsaurara dokoki a tsakiyar shekarun 1970, masu kantuna da yawa a cikin yankin suka daina karɓar jingina, harkar ta koma garuruwan bakin iyaka. Manyan shagunan zamani irin Bashas' suka buɗe a Chinle da wasu garuruwan yankin.

Yau idan kika bi hanyoyin nan za ki ga kangwaye da yawa, bango tsaye ba rufi. Wasu sun koma gidan mai da ɗan shago. Kantin Cameron, da aka kafa a 1916, ya dogara da matafiya masu zuwa Grand Canyon. Toadlena da Teec Nos Pos na cikin 'yan kaɗan da suka ci gaba da hulɗa da masaƙa. Jingina kuwa ba ta mutu ba: a Gallup akwai shagunan da ɗakunan ajiyarsu ke cike da sirdi da barguna da azurfar Navajo, kowanne da takardarsa, mafi yawa kuma masu su kan dawo su fanshe.