Me za mu kira "archive footage" da Hausa?

1/ Jama'a, ina neman shawararku. Muna haɗa wani shiri a kan dalar gyaɗa ta Kano. Wani dattijo da ya yi dako a wurin yana ba mu labari, sai muka sa masa hoto mai motsi da aka ɗauka a wancan zamani: leburori ɗauke da buhu a ka, suna hawa dalar a jere. Shiru ya yi, ya matso da fuska jikin kwamfutar, ya ce, "Haka fa muke hawa, ba takalmi." Da na zo rubuta sunan irin wannan hoto a ƙasan allo, sai Hausa ta maƙale min.

2/ "Tsohon hoto" aka fara ba ni, na ƙi. Ba tsufa ne ke sa ya amsa sunan ba. Bidiyon ambaliya da wani ya ɗauka da waya bara, in ka nemo shi ka sa a shirinka, shi ma "archive footage" ne. Sharaɗin dai wani ne ya ɗauka, don wata manufa tasa, aka ajiye, kai kuma ka aro.

3/ "Hoton tarihi" ma bai yi ba, don har wanda aka sa 'yan wasa suka kwaikwayi abin da ya faru zai shige ciki. Ga shi kuwa raba shaida da kwaikwayo shi ne aikin kalmar.

4/ Ni dai na tsaya a kan MAJIGIN TASKA. Taska, ma'ajiyar abu mai daraja. Majigi kuwa iyayenmu sun san shi: motar gwamnati ta shigo gari da magariba, a kafa farin ƙyalle a ƙofar fada, a haska.

5/ Wani abokin aiki ya ce majigi na warin mulkin mallaka. Gaskiyarsa, kuma dalilin da ya sa nake son kalmar ke nan. A 1939 Ingila ta kafa sashen shirya wa ƙasashen da ta mallaka finafinai. Dubi hoton hawan daba da aka yi wa Sarauniya Elizabeth a Kaduna a 1956: dawaki, lifidi, jahi, komai tsaf. Amma mai riƙe da kyamarar biyayya ya zo nunawa, bai zo tambayar talaka nawa yake biya na haraji ba. In mai haɗa shiri ya manta wannan, zai mayar da farfagandar wani ta zama hujjarsa. Gara sunan ya riƙa tuna masa.

6/ Ga yadda zai zauna a baki: "Nemo mana majigin taska na ziyarar Tafawa Ɓalewa Amurka a 1961." A ƙasan allo kuwa: "Majigin taska, Kaduna, 1956."

7/ Saura jam'i. "Majigan taska" ya yi min nauyi a harshe. Malaman Hausa, a bar shi tilo ne, ko kuna da wanda ya fi shi?