Masu kanti a ƙasar Nabaho: gata suka yi wa jama'a ko tarko suka ɗana musu?

Malam Habu: Assalamu alaikum jama'a. Ga maganar da na ce zan kawo. 'Yan ƙabilar Nabaho, masu kiran kansu Diné, suna zaune a yankin da ya ratsa jihohin Arizona da New Mexico da Utah a Amurka, kuma sun yi kusan shekara ɗari rayuwarsu tana rataye da wasu kantunan Turawa da ke warwatse a cikin dajinsu. Yanzu an fi son a kira masu kantin nan azzalumai. Ni matsayina shi ne, ba don su ba da Nabaho ba su miƙe da wuri ba bayan abin da sojoji suka yi musu.

Ku duba halin da suke ciki. A 1863 Kanar Kit Carson ya shiga ƙasarsu da sojojin Amurka, aka ƙone gonaki, aka karkashe tumaki. A 1864 aka tasa mutum wajen 8,000 a gaba, da ƙafa, tafiyar kusan kilomita 500, zuwa sansanin Bosque Redondo. Shekara huɗu suna tsare, sai yarjejeniyar 1868 ta ba su damar komawa gida, hannu rabbana. A 1869 gwamnati ta raba musu tumaki da awaki. To amma a sansanin sun riga sun saba da fulawa da sukari da kofi da yadi, abubuwan da ba sa fitowa a ƙasarsu. Wa zai karɓi gashin tumakinsu ya ba su waɗannan? Mai kanti. John Lorenzo Hubbell ya sayi kantin Ganado a 1878, kuma da cutar agana ta ɓarke a 1886 shi ya yi ta jinyar marasa lafiya, don ya taɓa yin cutar yana yaro. Mai kanti ne tafinta, shi ke rubuta musu wasiƙa, har gawa yakan binne musu, saboda a al'adarsu suna gudun taɓa mamaci.

Hajiya Rabi: Wa alaikumus salam Malam. Jinyar da Hubbell ya yi ba na musunta, Allah ne Ya san zuciyarsa. Amma ka faro labarin daga 1863 kamar kafin nan mutanen ba su san ciniki ba. Tun kafin a kafa kanti ko ɗaya, bargon da matan Nabaho ke saƙawa yana tafiya har wurin ƙabilun Ute da Cheyenne, ana ba da dawakai a karɓe shi. Sojoji ne suka rushe wannan kasuwar, mai kanti ya zo ya zauna a kan kufanta.

Kuma ni abin da ya fi ci min rai shi ne masaƙan. Mace ce za ta yi kiwon tunkiya, ta aske ta, ta wanke gashin a ƙasar da ruwa ke wahala, ta taje shi, ta kaɗa zare da mazari, ta rina, sannan ta zauna gaban masaƙa wata da watanni. In ta kai kanti a ɗora a kan sikeli a saya da laba, kamar ana awon ɗanyen gashi. An yi zamanin da haka ake sayen darduma a can. Kuma sau da yawa ba kuɗi za a ba ta ba, sai a ce ta ɗauki kaya a kantin, a farashin da mai kantin ya yanka. Kura da shan bugu, gardi da kwashe kuɗi.

Malam Habu: Hajiya, sayen laba ya faru, kuma ya lalata saƙar, don har ƙasa wasu ke cusawa a ciki ta ƙara nauyi. Amma su wa suka kashe wannan tsarin? Masu kantin ne dai. Da jirgin ƙasa ya iso garin Gallup, kusa da yankinsu, a 1881, barguna na inji suka cika kasuwa da arha, har su kansu Nabaho suka koma yafa su. Saƙar hannu ta kama hanyar mutuwa. Hubbell da C.N. Cotton suka ga cewa in Bature ba zai yafa bargon ba, zai shimfiɗa shi a ɗakinsa, sai aka koma saƙa mai kauri ta shimfiɗa. Hubbell ya sa masu zane suka zana masa samfurin tsofaffin barguna ya rataye a bango, masaƙa na gani suna kwaikwaya, ya kuma riƙa biyan mai kyau da daraja. J.B. Moore na kantin Crystal ya buga littafin tallar dardumai a 1903 da 1911, mutum yana gabashin Amurka ya zaɓa a aiko masa ta gidan waya. Wannan ba ƙaramin aiki ba ne.

Hajiya Rabi: To faɗa min sunayen dardumar da duniya ta sani. Ganado mai ja, Crystal, Two Grey Hills, Wide Ruins. Duk sunayen wuraren da kantunan suke ne. Matan da idonsu ya lalace a gaban masaƙa fa? Mafi yawan tsofaffin dardumar da ke gidajen tarihi yau ba a san wadda ta saƙa su ba.

Alhaji Garba: Ku bari mai kanti ya sa baki. Hajiya, kin san ni da ba da bashi, kuma wanda bai taɓa buɗe littafin bashi da daddare ya ga jarinsa duk yana hannun mutane ba, ba zai gane wannan magana ba. Makiyayin Nabaho sau biyu yake ganin abin hannu a shekara: in an yi askin tumaki da bazara, da in an sayar da 'ya'yan tumaki da kaka. Tsakanin nan wata shida ne, kuma ciki ba ya jira. Mai kanti ne ke ciyar da gidan a kan bashi. Shi ma kayan bashi ya ɗauko daga manyan diloli a Gallup, aka jawo su da keken doki a kan hanyar da in an yi ruwa sai a kwana a laka. In fari ya zo ko farashin gashi ya faɗi, wa ke kwana a ciki? Ga shi sai da lasin gwamnati zai zauna, kuma yawancinsu ƙasar da suka gina kantin a kai ba tasu ba ce, ta ƙabilar ce. Mutumin da ke cikin wannan hali dole kayansa su yi tsada.

Sai maganar jingina, da ake ta zaginsu a kai. Nabaho dukiyarsa azurfa ce da shuɗin dutsen nan da suke ado da shi: ɗamara, abin wuya, munduwa. Ba banki a dajin. Ya kai kanti a rataye masa da 'yar takarda mai sunansa, ya karɓi abinci, in an yi aski ya fanshe. Wasu masu kantin har aron kayan suke ba mai shi ya sa a wurin biki ya dawo da su. Wasu sukan riƙe jingina shekaru bayan wa'adi ya wuce ba su sayar ba.

Ɗanlami: Baba Alhaji, ina da tambaya. In har sana'ar na da wahala haka, kuma Nabaho ne masu ƙasar, me ya hana su buɗe nasu kantunan?

Malam Habu: An samu kaɗan, Ɗanlami. Chee Dodge, wanda ya zama shugaban majalisar ƙabilar na farko a 1923, yana da hannun jari a kantin Round Rock, ya kuma yi arziki sosai. Amma yawanci jari ya hana, da rashin Turanci, da rashin wanda zai tsaya musu wurin diloli. Ga kuma nauyin dangi: a al'adarsu ba ka hana ɗan'uwa abinci kana da shi a kan kanta.

Barista Aminu: Na karanta duk abin da aka rubuta. Baba Alhaji, da girmamawa, duk abin da ka faɗa game da haɗarin bashi gaskiya ne, amma ka bar abu ɗaya: wanda ake bi bashin ba shi da ƙofa ta biyu. Kai in ka tsauwala wa abokin cinikinka, gobe ya tsallaka titi ya shiga wani shagon. Shi kuwa kanti na gaba yana iya zama tafiyar yini a kan doki.

Ku dubi yadda cikin kantin yake. Ka shigo sai ka tsinci kanka a wani fili da murhu a tsakiya, dogayen kantoci masu faɗi sun kewaye ka ta gefe uku, kaya na can bayansu a jere har rufi, gwangwanaye da yadi da linzami da fitilu. Ba ka taɓa komai, sai dai ka nuna a miƙo maka. A wasu kantunan daɓen bayan kantar ya fi na gaba tudu, mai kanti yana kallonka daga sama. Littafin bashi da Turanci yake, a hannunsa, kai ba ka iya karantawa ba. Wasu ma kuɗin ƙarfe nasu na kansu suka buga, da sunan kantin a jiki, su biya ka da su, ba kuma inda za ka kashe su sai a wurinsu. Mai kirki a cikinsu ya yi kirki, marar kirki ya yi yadda ya ga dama, kuma duka biyun ba mai tambayarsu.

Ba zato nake ba. A 1972 hukumar kula da harkokin ciniki ta gwamnatin tarayyar Amurka ta zauna a ƙasar Nabaho ta saurari shaidu, ta fitar da rahoto a 1973. Cikin ƙorafin da aka kawo mata akwai wannan: tunda kantin ne gidan waya, takardar cak ɗin tallafin gwamnati ko ta fansho a hannun mai kanti take sauka. Sai ya riƙe, ya kira tsohuwa ta dangwala yatsa, ya ce ya cire bashinsa, ba ta ko ga adadin da ke jiki ba. Akwai tsadar kaya fiye da na garuruwan da ke kewaye, akwai kuɗin ruwa mai nauyi a kan jingina. Lauyoyin ƙungiyar DNA, wadda aka kafa a 1967 don kare talakawan Nabaho, su suka yi ta kai ƙara, kuma Peterson Zah da ya jagorance ta shi ne daga baya ya shugabanci ƙabilar. Wato su Nabaho da bakinsu suka ce ana cutarsu.

Malam Habu: Barista, kana hukunta mutumin 1880 da laifin mutumin 1970. Tsakaninsu akwai abin da ya karya tattalin arzikin Nabaho, kuma ba mai kanti ya yi shi ba. A shekarun 1930, zamanin John Collier yana kwamishinan harkokin 'yan asalin ƙasa, gwamnati ta ce dabbobi sun yi wa ƙasar yawa suna jawo zaizaya, ta tilasta rage su. An harbe awaki da tumaki, wasu aka bar su suka ruɓe a fili a gaban masu su. Masu ƙaramin garke su suka fi shan wahala. Daga nan maza suka bazama aikin layin dogo da gonaki da ma'adinai, gida ya koma jiran albashi da tallafi.

Barista Aminu: A nan ba mu da saɓani Malam, kuma wannan ne ma ya ƙara ƙarfin maganata. Lokacin da ciniki yake na gashi da 'ya'yan tumaki, mai kanti yana buƙatar garken makiyayi ya yi kyau, don arzikinsu ɗaya ne. Da aka koma cak, ba ruwansa da garke, abin da yake so kawai takardar ta biyo ta hannunsa. Har ɗaukar ma'aikatan layin dogo ta wurinsa ake yi, shi ke cike wa mutum takardar neman kuɗin zaman rashin aiki. Ka yi tunanin wa zai fara tura wa aiki: wanda ke da bashi mai yawa a littafinsa. Abinci, wasiƙa, jingina, aiki, duk a hannun mutum ɗaya.

Ɗanlami: Wannan ya tuna min da abin da kakanni ke faɗa kan kantunan Turawa masu sayen gyaɗa a Kano bayan zuwan jirgin ƙasa, su ke da sikeli su ke yanka farashi.

Alhaji Garba: Akwai kama ɗana, amma manomin gyaɗa yana da kasuwar ƙauye da fatake da dillalai na gida. Shi Nabaho babu. Na yarda da Barista a kan wannan. Abin da ban yarda ba shi ne a ce da aka matsa wa masu kanti talaka ya huta. Bayan an tsaurara doka a tsakiyar shekarun 1970, yawancin kantunan cikin yankin suka daina karɓar jingina. Jinginar ta mutu? Ba ta mutu ba, ta koma Gallup da Farmington, wajen iyakar ƙabilar, hannun mutanen da ba su san mahaifinka ba, ba za su jira ka yi aski ba. Sannan aka shimfiɗa kwalta, kowa ya nemi a-kori-kura, manyan shaguna suka buɗe, kantuna fiye da ɗari suka yi ta rufewa ɗaya bayan ɗaya. Na Hubbell ma hukumar kula da wuraren tarihi ce ta karɓe shi a 1967, shi ya sa yake nan har yau. Tsohuwar da ba ta da mota, da can tana takawa kanti, yanzu sai ta biya wani ya kai ta gari.

Hajiya Rabi: Alhaji, tsohuwar nan ta ba ni tausayi, amma maganinta shago kusa da ita mai farashin gaskiya, ba a mayar mata da mai riƙe mata cak ba. Kuma akwai abin da ya nuna cewa dama can ana iya yi ba tare da su ba. Tun ƙarshen shekarun 1960 masaƙa suke yin gwanjon darduma a garin Crownpoint. Mace ta kawo aikinta da kanta, a liƙa sunanta a jiki, masu saye su zo su juya shi su duba, a yi ta tayi a gabanta, a daren ta karɓi kuɗinta bayan an cire ɗan kason ƙungiya. Malam, ka ce ba don masu kanti ba da saƙar ta mutu. Su kuma ba don saƙar ba, da me za su biya diloli a shekarun da gashi ya faɗi?

Malam Habu: Masu zuwa gwanjon Crownpoint, Hajiya, neman Ganado da Two Grey Hills ke kawo su, kasuwar da su Hubbell suka gina. A kan shekarun farko ina nan a kan bakana. Abin da ya biyo bayan rage dabbobi kuwa, ba zan kare shi ba.

Hajiya Rabi: Shekarun farkon ne ake ɗora darduma a kan sikeli, Malam. A can ɗin nake ƙalubalantarka.