Shafukan wasanni sun mayar da 'yan tsere saniyar ware

Ɗan Asuba: Salamu alaikum 'yan zaure. Abin nan ya daɗe yana cin raina. Shafukan wasanni da nake bi a Facebook duk ƙwallo ce safe da yamma. Daren da Tobi Amusan ta Najeriya ta kafa tarihin duniya a tseren tsallake shinge na mita 100 a Eugene ta Amurka a Yulin 2022 ban runtsa ba, waya na hannuna har ta yi zafi, ina kallo ta tsallake shinge goman nan, allo ya nuna 12.06. Gari na wayewa na buɗe shafukan, cinikin 'yan ƙwallo ne sama da ƙasa, ita layi biyu kacal. Amma da aka tuhume ta a 2023 da kauce wa gwajin ƙwaya sau uku, kowa ya ɗora hotonta. Da aka wanke ta a watan Agusta kuwa, tsit. Ɗan tsere ba ya samun labari sai in abin kunya ne.

Malamin Motsa Jiki: Wa alaikumus salam. Ƙanena, gyara kaɗan. Ba da 12.06 ta kafa tarihi ba, da 12.12 ne, a zagayen kusa da na ƙarshe. A na ƙarshen iska na tura ta daga baya, mita 2.5 a daƙiƙa, doka kuma ta tsaya a 2.0. Zinare ta ci, amma ba a rubuta 12.06 ɗin a matsayin tarihi ba.

Ɗan Asuba: Malam, 'yar Najeriya ta farko da ta zama zakarar duniya a guje-guje, ka ce ba tarihi ba ne?

Malamin Motsa Jiki: Tarihi iri biyu ne. Akwai na baki, akwai na littafin World Athletics, hukumar guje-guje ta duniya. Ni na littafi nake nufi.

Na Madrid: Ko na littafin ma akwai magana. Michael Johnson, tsohon zakaran tsere na Amurka, da kansa ya nuna shakku kan agogon ranar.

Maman Biyu: Lokacin da Kendra Harrison ta Amurka ta yi 12.20 a Landan a 2016, wa ya tuhumi agogo? Sai da 'yar Afirka ta goge shi agogo ya lalace? Haba ɗan'uwa.

Na Madrid: Hajiya, ni ban kawo zancen launi ba. Shi ma Johnson ɗin ai baƙar fata ne.

Mai Dogon Zango: In dai da hujjar Malam za a bi, to Kipchoge, ɗan tseren dogon zango na Kenya, ma bai kafa komai ba a Vienna a 2019. Mutum ya yi kilomita 42 da ɗoriya cikin 1:59:40, ƙasa da awa biyu. Ƙafar wa ya ara?

Malamin Motsa Jiki: Ƙafarsa ce, amma ba gasa ba ce. Masu ja masa gudu 41 ne suna karɓa-karɓa suna kare masa iska, mota a gaba tana haska layi a kan titi, ana miƙa masa abin sha daga kan keke. Shi ya sa hukuma ba ta amince ba. Takalmin ma sai da ya jawo surutu, har aka yi doka a 2020 cewa kaurin tafin takalmin titi kada ya wuce milimita 40.

Mai Dogon Zango: To Malam a ba ka motar da keken da takalmin, ka yi mana rabinsa mu gani.

Malamin Motsa Jiki: Yaro, na girme ka. Ka iya bakinka.

Mai Dogon Zango: Allah ya ba da haƙuri, ranka ya daɗe. Amma tarihi ne.

Na Madrid: Ku daina wahalar da kanku. Wa zai zauna jiran gudun daƙiƙa goma sha biyu? Tarihi na gaske shi ne zinaren ƙwallo na gasar Olympics ta Atlanta 96, da muka ci Ajantina 3 da 2.

Maman Biyu: Kwana ɗaya kafin wannan Chioma Ajunwa ta ci zinare a dogon tsalle, mita 7.12, ita kaɗai ba abokin wasa.

Na Madrid: Ajunwa ai tamu ce, ta buga wa Super Falcons.

Baban Sadiya: Kai Na Madrid kullum sai ka karkatar da zance. Haka ka yi mana ranar maganar Messi.

Na Madrid: Ɗan Barsa ya iso. Me ya kawo Messi nan?

Baban Sadiya: Kai ka kawo ƙwallo.

Shugaban Zaure: Jama'a ya isa haka, bari in taƙaita. Abin da muka fahimta shi ne Ɗan Asuba ya kuskure lamba, Malam ya gyara masa, Allah ya saka da alheri. An kuma ga cewa lissafin guje-guje yana da wuya, ga iska ga takalmi ga agogo, don haka bai kamata a ga laifin masu shafuka ba in sun tsaya kan abin da jama'a ke so. Ni da nake riƙe da shafi na san labarin da ake buɗewa. Na Madrid ya faɗi gaskiya a wannan.

Maman Biyu: Yallaɓai, ina maganata ta shiga a taƙaitawar?

Ɗan Asuba: Shugaba, da girmanka, ba lamba na zo tambaya ba. Na ce kun ɗora hotonta ranar tuhuma, ranar da aka wanke ta ba ku ɗora ba. Shafinka na ciki. Ka amsa wannan.

Malamin Motsa Jiki: Duk wanda zai ɗora dai ya rubuta 12.12.